Mutumin da Ya Ci Burtali

An yi wani mutum a ƙauyukanmu na tsakanin Boɗinga da Shagari. Ba zan faɗi sunansa ba, don 'ya'yansa suna raye, kuma ba su yi mana laifin komai ba. Mahaifinsa ya bar masa gonar gero ta tudu da fadamar albasa, abin da zai ci da iyalinsa har ya yi kyauta.

Gonar tudun tana iyaka da burtali, hanyar shanun nan da hukuma ta keɓe don makiyaya su kai dabbobinsu mashaya. Shingen aguwa ne ya raba su. Mahaifinsa ne ya dasa shi da hannunsa, shi da wan matarsa, kawun mutumin ke nan, wani dattijo Malam Ubaidullahi.

Ya 'yan uwa, mutumin nan bai tashi rana ɗaya ya ce burtali nasa ne ba. Da daminar farko kunya biyu ya ƙara a bayan shinge. Ba wanda ya tanka. Da ta biyu ya ƙara biyar. Da ta uku ya sare aguwar gaba ɗaya, ya turbuɗe kututturan da ƙasa, ya dasa sabuwa can gaba. In aka yi masa magana sai ya ce, "Ƙasar gwamnati ce, mi ya shafe ku?"

To, wa ya gaya masa abin gwamnati ba shi da mai shi? Ai na kowa ne, har da jaririn da aka haifa jiya.

Burtali ya tsuke, har saniya biyu ba sa jerawa. Rannan wani makiyayi mai suna Bala ya biyo da garkensa, shanu suka fantsama cikin geron. Da mai gonar mai kunya ne, da ya yi shiru. Shi kuwa gogan naku sai ya saɓa babbar riga, ya maka Bala a kotu, wai an yi masa ɓarna. Wa kuke zato ya kira shaida? Kawunsa, Malam Ubaidullahi. A lissafinsa, tsoho ba zai kunyata ɗan ƙanwarsa a gaban alƙali ba.

Tsohon ya ce shi ba zai yi magana a cikin ɗaki ba, sai a gonar. Alƙali ya zo ganin ido, tare da ma'auna ƙasa da hukuma ta turo. Malam Ubaidullahi ya dogara sandarsa ya shiga tsakiyar gero, yana buɗa karan da ita. Kun san halin aguwa, ku manoma ne. Ko ka sare ta, muddin saiwa na ƙasa, ruwa na sauka za ta tofo. Ga ta nan kuwa a jere, layi guda, daga wannan bakin gona zuwa wancan.

"Ranka shi daɗe," in ji tsohon, "nan munka dasa ta, ni da ubanai. Abin da ke bayanta duk burtali na."

Mutumin ya ce, "Kawu, ni za ka yi wa haka?"

"Ɗana, gara in ba ka kunya gaban wanga alƙali da in bar ka ka sha ta gaban wancan."

Wallahi duk lokacin da na tuna maganar nan sai in ji daɗin zamana ɗan ƙasar nan. Irin dattawanmu ke nan. Daga makarantun zauren garin Sifawa suka sha wannan tarbiyya, kuma har yau ba ta ƙare a cikinmu ba.

Alƙali ya sallami Bala, ya ce a mayar da burtali yadda yake. Nan ma Allah ya ba mutumin ƙofar tuba, amma girman kai ya hana shi shiga. Ya rantse sai ya ɗaukaka ƙara zuwa Sakkwato. Ya sayar da fadama ya ɗauki lauya. Shari'a ta ja shekara uku, yana hanya ana shuka, yana hanya ana girbi. Da ta ƙi ci, ya sayar da gonar tudun ita ma. Hukuncin Sakkwato ya fito daidai da na farko, aka kafa turakun siminti a kan layin tsohuwar aguwa.

Yau ba shi da inda zai soka iri. Awakin mutane yake kiwo a ba shi abin tuwo. Kullum da hantsi, ta burtalin nan yake kora su zuwa mashaya, yana wuce gonar ubansa a hannun wani. Da ya ci nasara a kotu, da awakin ma ba su da hanya.

Ya 'yan uwa, kun sha ji a wurin karatu abin da ke jiran wanda ya ci taƙi ɗaya na ƙasar da ba tasa ba. Mai gona a bakin burtali, ko filin makaranta, ko maƙabarta, ya je ya duba shingensa tun kafin ruwa ya sauka. In an kira ka shaida kuma, ka tsaya inda Malam Ubaidullahi ya tsaya, ko da ɗan cikinka ne a gabanka.

Allah ya wadata mu da halal ɗinmu, ya bar mana dattawa masu faɗin gaskiya. Allah ya kiyaye mu da ɗaukar ƙasar da wuyanmu ba zai iya ba ranar tsayuwa.