Baƙar Taga a Maraɗi

Ga ta nan gare ku, amma ba ta zamanin da ba ce. Mutanenta suna nan da ransu a Katsina, in kun so gobe ma sai ku je ku gan su.

Da na dawo gida bayan shekarun da na yi ina gararamba tsakanin Legas da Kwatano, zaman ɗaki ya gagare ni, sai na riƙa leƙa gidan wasan kwamfuta na Kawu Ilu da ke bayan tasha. A can na tarar da samari uku da na bari suna cin abinci a kwano ɗaya, wato Tasi'u da Ukasha da Hudu, yanzu ko gaisuwa sai Kawu ya tsare su da ido. Na ji ta bakin kowannensu, na ji ta bakin Kawu. Abin da zan ba ku shi ne inda maganarsu ta zo ɗaya.

Wasan da suka ƙware a kai na harbi ne, mutum uku suna karawa da uku. Kowa na gaban kwamfutarsa, hannun hagu a kan kibod yana tafiyar da sojansa, na dama a kan maus yana juya bindiga. Ɓangaren da aka ƙarar da mutanensa ya faɗi wannan zagayen. A cikin wasan kuma akwai abin da suke kira konsol, wata baƙar taga ce da ake rubuta wa wasan umarni kai tsaye. A rufe take zuwa. Sai ka shiga cikin tsarin wasan ka kunna ta, sannan ka danna wani maɓalli can ƙuryar hagu, ta faɗo. A nan mutum ke gaya wa wasan saurin maus ɗinsa, da girman alamar saiti da launinta, da maɓallin da yake so ya zama na tafiya gaba. Wannan ba maguɗi ba ne, ko a gasa an yarda da shi, muddin ba ka rubuta abin da zai nuna maka mutum ta bayan bango ba.

Tasi'u shi ne mai hannu. Allah ya ba shi ido da sauri, in ya ɗora saiti a kanka ka gama yawo. Sunansa ake ihu da shi a shagon, kuma ya san da haka. Bai taɓa damuwa ya san abin da ke cikin baƙar tagar ba, shi dai ya zo ya tarar da kujera a gyare.

Ukasha shi ne mai gyaran. Duk umarnin da ake rubutawa a konsol a kansa suke, har da lambobin da suka dace da hannun Tasi'u, waɗanda Tasi'un ma bai san su ba. Sau da yawa Kawu Ilu yana cewa, “Ukasha, koya wa 'yan'uwanka abin nan mana.” Sai ya ce, “To Kawu, sai an samu lokaci.” Ba lokacin ne ya rasa ba. Gani yake in ya koya musu, ɗan abin da ya rage ana nemansa dominsa ya tafi, tunda ihun jama'a ya riga ya zama na wani.

Hudu kuwa a Damagaram ya tashi wajen kakarsa, a can ya yi makaranta, saboda haka yana karanta Faransanci. Wasansa ba laifi, amma ba wanda ke tsayawa kallonsa. Tasi'u ba ya kiran sunansa, sai dai “Bafaranshe, matsa mini,” ko “Bafaranshe, tare mini ƙofar can.” Hudu ya yi murmushi ya haɗiye.

Ana nan sai aka shirya babbar gasa a Maraɗi, aka gayyaci garuruwan kan iyaka. A lokacin Kawu Ilu ya kama sabon shago a wata unguwa, ya jera sababbin injina, yana neman wanda zai riƙe masa. Ranar da za su tashi ya kaɗa musu mukullin a gaban kowa, ya ce, “Yarana, wanda ya ciwo mana kofin nan, shi zan damƙa wa wannan.” Kowannensu ya shiga mota yana ƙiyasta kansa a kan kujerar sabon shago, yana satar kallon sauran biyun.

To ga inda suka yi kuskure. Maraɗi ai gida ce, Hausa ɗaya, tuwo ɗaya, kowa na da dangi a can, don haka bai faɗo wa kowa a rai ya tambayi irin injinan da za a ba su ba. Wasannin farko an yi su ne a wani ɗaki da kowa ya zo da kayansa, suka yi ta cin mutane. Da aka zo wasan ƙarshe da masu masaukin baƙi, sai aka hau da su dandali, aka ce dole kowa ya yi amfani da injin masu gasa, ba a yarda a sauya ko waya ɗaya ba. Aka ba su ɗan lokaci su gyara zama. Tasi'u ya danna inda ya saba dannawa don tafiya gaba, soja ya tsaya ƙyam. Ya danna hagu, soja ya mayar da bindiga ya zaro wuƙa. Kibod ɗin irin na ƙasashen Faransanci ne, haruffan ba a inda yatsunsu suka san su suke ba. Ukasha ya kai hannu ƙuryar hagu don ya kira baƙar taga, ba abin da ya faɗo. Ya shiga cikin tsarin wasan, ya tarar da komai da Faransanci. 'Yan kallo suka fara shewa.

Hudu ya ga matsalar tun daga dannawar farko, ya kuma san maganinta. Amma sai ya naɗe hannu yana kallon sama.

Tasi'u ya ce, “Bafaranshe, karanta mana abin nan mana!”

“Ka je ka nemo shi, ni ban ga Bature a nan ba.”

“Kai, lokaci na tafiya fa! Don girman Allah, Malam Hudu.”

“Ƙara faɗi, hayaniya ta hana ni jin malam ɗin.”

Sai da Tasi'u ya maimaita, gumi na tsatsafo masa, sannan Hudu ya miƙe. Ya bi injinan uku ɗaya bayan ɗaya, ya nemo layin da ke kunna konsol a cikin tulin Faransancin nan, ya kunna. Da ya ga maɓallin kiranta ba ya aiki a wannan kibod ɗin, ya mayar da kiran kan wani maɓalli na sama. Ya danna, baƙar taga ta faɗo. Ba don shi ba, da duk ilimin Ukasha a kansa zai koma Katsina, don ba inda zai rubuta shi.

Ukasha ya zauna. A gida ko ido a rufe yake rubuta umarnin nan, amma a nan sai ya duba kowane harafi kafin ya taɓa, lambobi ma ba sa fitowa sai ya danne wani maɓalli da ɗayan hannun. Ya dubi agogon alƙalin wasa ya gane ba zai gama injina uku ba. Nasa na gabansa, na Tasi'u na gefe. Ya ce mini a ransa ya raya cewa ya gyara nasa, ya bar gwanin ya ji yadda dariyar mutane take. Amma ya ja kujera zuwa injin Tasi'u, yana rubutu yana tsaki. Ya mayar masa da maɓallan tafiya inda ya saba, ya sa masa saurin maus daidai hannunsa, ya rage masa alamar saiti ta koma ɗan ɗigo kore yadda idonsa ya fi kamawa. Ya tsallaka ya gyara wa Hudu maɓallan tafiya kawai. Yana komawa kujerarsa aka busa usur na fara wasa. Haka ya buga wasan da karkataccen kibod, shi ake fara kashewa kusan kowane zagaye, 'yan Maraɗi na yi masa waƙar ɗan rakiya. Ba don shi ba, da tagar da Hudu ya buɗe ta tsaya wayam, kuma da Tasi'u ya yini yana zaro wuƙa.

Wasa ya yi zafi, a ci nan a rama can, har aka zo zagayen da zai raba gardama. Ukasha ya faɗi tun a bakin ƙofa. Hudu ya leƙa wani lungu aka ɗauke shi. Saura Tasi'u shi kaɗai, 'yan Maraɗi kuwa uku cif. Ya lafe bayan wasu akwatuna, ya danne abin jin sautin wasan da ke kunnensa yana sauraron sawu. Ya jefa gurnetin hayaƙi ta hagu, suka zaci can zai ɓulla, ya zagayo ta dama ya sami na farko ta baya. Na biyu ya juyo a firgice, kafin ya ɗaga bindiga an gama da shi. Na ukun gwaninsu ne, ya ƙi fitowa, suka yi ta fakon juna. Harsashin Tasi'u ya kusa ƙarewa, jinin sojansa saura kaɗan. Gwanin ya leƙo da gefen kai kawai, ɗigon nan kore ya sauka a kansa. Ba don Tasi'u ba, da buɗewar Hudu da rubutun Ukasha sun tashi a banza, don su biyun suna zaune ne hannu a cinya suna kallo.

Da aka miƙo kofi, Tasi'u ya cafe shi ya ɗaga shi kaɗai. Masu ɗauka da waya suka tambaye shi sirrin, ya ce, “Hannu ne kawai, baiwa ce daga Allah.” Bai ambaci kowa ba. Wannan bidiyon ya riga su isa Katsina.

A gaban Kawu Ilu kowa ya fito da abin da ke cikinsa. Tasi'u ya ce, “Kawu, kai ka ce wanda ya ciwo. A duba allo a ga wa ya yi harbin.” Hudu ya ce, “Da wuƙa za ka yi harbin? Ni na buɗe muku ƙofa kuna tsaye kamar an dasa ku.” Ukasha ya ce, “Ka buɗe bayan ka gama jan aji. Lokacin da ka ɓata ana ce maka malam, shi ne na gyaran injina, ni aka yi wa waƙa saboda kai.” Hudu ya ce, “Da ka koya mana abin da kake ɓoyewa, da kowa ya gyara nasa da hannunsa.” Tasi'u ya yi dariya, su biyun suka juyo kansa a tare.

Wani dattijo da ke wurin ya ce to su riƙe shagon su uku mana. Kawu ya ce kujerar mai shago ɗaya ce, kuma ya tambaye su, kowannensu ya rantse gara ya bar wasan da ya zauna ƙarƙashin ɗaya daga cikin biyun nan. Ni da na riga su zama gaban injinan Kawu ba wanda ya nemi ra'ayina, kuma gwamma haka, don ina jin da na ce a ba ni. Har yau sabon shago a rufe yake, injina na lulluɓe da zane, mai gidan haya ya fara tambaya ko an fasa ne.

To jama'a, ga Hudu da ya buɗe taga amma sai da aka roƙe shi. Ga Ukasha da ya bar nasa ya gyara na wanda yake jin haushi, amma shi ya hana kowa sani tun farko. Ga Tasi'u da ya kayar da uku shi kaɗai, ya kuma manta da biyun da suka ɗora shi. Ku ne Kawu Ilu, mukulli na hannunku. Wa za ku miƙa wa?