Zanen Dela da Ruwan Akoko

"Ga ta nan, ga ta nanku. Mai gyangyaɗi ya je ya wanko ido."

"Ta zo mu ji ta, Kaka."

To, ku matso. Kai Sallau, janye ƙafarka daga kan tabarmata.

Wata tsohuwa ce a wani gari, ana kiranta Iya Barmani. Sana'arta kaɗi. Tun tana budurwa take murza mazari, har bayanta ya ranƙwafa. Tana riƙon jikokinta biyu mata, Dela babba da Kyallu ƙarama. Dela kyakkyawa ce, kuma ta san da haka, nan matsalar take. Kyallu kuwa ba ruwanta, abin da aka ba ta shi ne nata.

Sai idon Iya ya fara dushewa, hannu ya fara rawa. Sai ta ce kafin ido da hannu su gudu su bar ta, bari ta yi wa yaran nan abin tunawa. Ta gurza auduga, ta shiɓe, ta zauna kaɗi. Damina ta wuce tana kaɗi, kaka ta wuce tana kaɗi. Zaren ƙarshe da laluben yatsa ta gama shi, don ido ya riga ya tafi. Aka kai wa masaƙi ya saƙa, aka ɗinke, ya fitar da zane biyu. Iya ta miƙa wa kowacce ɗaya. Ta ce su riƙe da kyau, don daga wannan ta ajiye mazari.

Zanen nan ba a wanke shi ba, ba a rina shi ba. Kun san akokon da tela ke yi wa riga shafi da shi? To, irin launinsa ke nan. Ba fari fat ba, ba ruwan ƙasa ba, yana tsakani, kamar kunun gyaɗa, da ɗigon ɓawon angurya jefi-jefi a jikinsa. Mu a wajenmu ruwan akoko muke ce masa. In kun ji an ce abu ruwan akoko ne, ana nufin yadda ya sauko daga hannun masaƙi haka yake, sabulu bai taɓa shi ba, marini bai gan shi ba.

Kyallu ta shinshina nata, ta ce yana ƙanshin hannun Iya, ta ninke ta ajiye. Dela kuwa ta ɗaga nata, ta taɓe baki. Ta ce wannan ai kamar an goge tukunya da shi, ita ba za ta shiga mutane da abu dishi-dishi ba. Sai ta jiƙa shi da kanwa. Sai ta dirje shi da sabulun salo. Sai ta matse lemun tsami a kai ta shanya a rana. Gobe ta sake, jibi ta sake, har ya yi fari tas kamar balbela.

Ran kasuwa ta zo. A garin nan da la'asar 'yan mata kan taru a bakin kasuwa, Nomau mai kalangu yana kiɗa suna rawa. Dela ta shiga fili tana yanga, ta ga ashe fari ya yi yawa, wannan da fari, waccan da fari, ita ta zama ɗaya cikin taro. Sai ga Kyallu ta shigo da nata yadda Iya ta ba ta. Tsofaffi suka bi ta da kallo, suna cewa rabon da su ga zare mai santsi haka har sun manta. Nomau ya matse kalangu a hammata, ya juyo wajenta:

"Mai ruwan akoko, taka a hankali,
Ba fari ba ne, ba ja ba ne,
Yadda gona ta ba da auduga,
Haka Kyallu ta ɗauro ta."

'Yan mata suka ɗauki amshi da tafi. Ko waiwayen Dela ba wanda ya yi. Sai ta fice daga fili. Ta dawo gida ta ƙi cin tuwo, ta ce kanta ke ciwo. Ba kai ba ne, hassada ce, kuma ita hassada ba ta san 'yan'uwantaka ba.

Da gari ya waye ta ɗauki farin zanenta, ta nufi marina wajen wani dattijo, Tunau marini, wanda hannuwansa suka yi shuɗi har gwiwar hannu.

"Ina kwana, Baba."

"Lafiya lau, jikanyar Barmani. Me ke tafe da ke?"

"So nake ka rina mini wannan ya koma ruwan akoko."

Tunau ya yi dariya har da tari. Ya ce, "'Yar nan, leƙa ramukan nan duka, baban rini ne a ciki. Ruwan akoko ba a rina shi. Da shi auduga take zuwa, in ya tafi kuma ya tafi."

Dela ta ce a ranta rowa ce kawai irin ta tsofaffi, ita za ta yi abinta da kanta.

Sai ta tafi bakin rafi. Ta kwaɓa laka da ruwa, ta tsoma zanen, ta shanya. Ran kasuwa ta ɗaura ta fita. Mata suka tare ta suna yi mata sannu, suna tambaya a wane kududdufi ta faɗa. Nomau kuwa yana can yana ta "Mai ruwan akoko, taka a hankali." Dela ta dawo gida, ta sake jiƙa zanen da kanwa, ta dirje lakar.

Sai ta tafi daji ta haƙo saiwar rawaya. Ta daka, ta tafasa, ta tsoma zanen, ta shanya. Ran kasuwa ta ɗaura ta fita. Wata mai fura ta dube ta ta ce, Allah sarki, yau ta ga zanen da shawara ta kama. Aka bushe da dariya. Nomau yana can yana ta "Ba fari ba ne, ba ja ba ne." Dela ta dawo gida tana cizon yatsa, ta ƙara kanwa, ta ƙara dirza. Rawaya ta ce ina, na zo ke nan.

Sai ta samo karan dafi, wai ja zai kashe rawayar ya bar mata tsaka-tsaki. Ta tafasa, ta tsoma, ta shanya. Zane ya fito dabbare-dabbare, nan ja, nan rawaya, nan kuma ba a san sunansa ba. Wannan karon ko ƙofar gida ba ta kai ba. Akuyar maƙwabta ta gan ta ta tsinke igiya. Daga ɗaki take jiyo kalangu da tafi, ana kiran sunan ƙanwarta.

"Kaka, to me ya hana ta ce Kyallu ta ara mata?"

Ke Lantana, ai Kyallu ta yi tayi. Ta ce, "Yaya, ki ɗaura nawa wannan kasuwar, ni in ɗaura ta gaba." Dela ta harare ta, ta ce ita ba ta sa kwance. Mai hassada ba aro take so ba, so take ki rasa. Ku bar katse ni.

Ran Juma'a Kyallu ta rataye zanenta a kan danga ya sha iska, ta tafi ɗebo ruwa. Maza duk sun tafi masallaci, marina ba kowa. Sai Dela ta fizge zanen, ta cusa a ƙwarya, ta rufe da faifai. Ta bi ta bayan gari har marina. Ta buɗe ramin da ya fi kowanne baƙi, ta jefa zanen, ta danna shi da sanda har ya nutse. Ta ce, "To, sai in ga abin da Nomau zai rera." Ta dawo gida ta zauna tana tsince wake kamar ba ita ba.

Kyallu ta dawo ba zane. Ta duba bayan danga, ta duba rumbu, ta tambayi maƙwabta. Ta zauna tana kuka a hankali don kada Iya ta ji. Dela na gefe tana cewa wataƙila iska ce ta ɗauke.

Can a marina Tunau ya zo motsa baba, sai sanda ta kamo ƙyalle. Ya jawo, ya murza zaren a yatsa, ya gane kaɗin Barmani ne, don duk garin ba mai irinsa. Su kuwa marina suna da al'ada, abin da ya shiga rami ba a barinsa rabi da rabi, sai an kai shi ƙarshe. Sai ya tsoma ya ɗaga, ya tsoma ya ɗaga, zare yana shan baba kamar da ƙishirwa ya zo. Ya shanya, ya kai wa masu bugu, suka sa shuni suka buge shi a kan gungume. Zane ya fito baƙi wuluk, yana ƙyalli, in ka motsa shi sai ya yi walƙiya.

Tunau ya kawo shi gida da kansa. Ya ce bai san ƙafar da ta kai shi rami ba, kuma ba zai tambaya ba. Yana faɗa yana kallon Dela. Kyallu ta karɓa ta yi godiya. Da ya tafi ta rungume zanen ta ce yana da kyau, amma ita yadda Iya ta ba ta take so.

Ran kasuwa Kyallu ba ta da wani zane, sai ta ɗaura shi. Kasuwa ta tsaya cak. Masu awo suka bar mudu, mahauta suka bar wuƙa. Nomau ya sauya kiɗa:

"Jiya akoko, yau baƙi mai walƙiya,
Kyallu, kome kika ɗaura ya zauna."

Hassada ga mai rabo taki ce, kun sha ji. Dela ta ji waƙar nan har cikin haƙoranta. Ba ta jira an tashi ba, ta ruga gida, ta ɗauko dabbare-dabbarenta, sai marina.

"Baba, rina mini. Ramin da ka sa na Kyallu, shi nake so."

Tunau ya karɓa, ya ɗaga zanen a rana, ya ga haske na ratsa shi. Ya ce, "Kanwa ta cinye zaren nan. In kin ji tawa, ki kai shi gida ki ninke ki ajiye, ko ba komai hannun kakarki ne."

"Ka rina kawai, Baba, kuma a buga shi ya fi nata ƙyalli."

Ya gaya mata sau biyu, ta ƙi. Sai ya rina. Rini ya kama nan, ya ƙi can. Aka kai wa masu bugu. Suka shimfiɗa a gungume, suka ɗaga guduma. Bugun farko zane ya yi ƙara. Na biyu ya tsage. Na uku guduma ta fita ta ƙasa. Kafin su tsaya ya zama tsumma, suka tattara mata a faifai. Garin neman ƙiba ta samo rama.

Iya Barmani kuwa ido ne ba ta da shi, kunnenta ƙalau. Ta jiyo yara a waje suna rera "yau baƙi mai walƙiya", ta rasa gane kansa. Da yamma sai ta kira su biyun, ta ce kowacce ta kawo zanenta ta taɓa.

Kyallu ta miƙa nata. Iya ta shafa, ta kai hanci, ta ji warin baba. Ta ce, "Zarena ne, amma an rufe masa fuska. Wa ya kai shi rami?"

Kyallu ta ce ba ta sani ba. Iya ta juya wajen Dela.

"Dela, ina naki?"

Dela ta turo faifan gabanta. Iya ta sa hannu, ta ji tsumma. Ta ɗaga wannan, ta ɗaga wancan, tana neman bakin zanen ba ta samu ba. Ta ja zare ɗaya, ya narke mata a yatsa. Dela ta fashe da kuka, ta faɗi komai, tun daga kanwa har ramin Tunau. Ta ce ita dai ta kasa jure jin sunan Kyallu a bakin kalangu.

Iya ba ta zage ta ba, da ma ta zage ta da ya fi sauƙi. Ta ce a miƙo mata mazari da ɗan sauran auduga. Ta shafa alli a yatsa, ta murza. Hannu ya yi rawa, zare ya tsinke. Ta ƙulla ta sake, ya tsinke. Ta sake, mazarin ya kuɓuce ya gangara ƙarƙashin gado. Kyallu ta durƙusa za ta ɗauko, Iya ta ce ta bar shi.

Ta juyo wajen da take jin shessheƙar Dela ta ce, "Na so in yi miki wani, 'yar nan. Babu."

Daga ranar ba a sake ganin ruwan akoko a gidan ba. Kyallu ta tsufa da zanenta, har jikokinta suka gan shi. Dela kuwa ta sayi zannuwa iri-iri a rayuwarta, na kusa da na nesa, amma ba ta da ko tafin hannu na abin da kakarta ta kaɗa.

Ƙurunƙus kan kusu. In da ƙarya a ciki, gizo ne ya saƙa ta, ba ni ba. Wanda ya sa ido a kan na wani, nasa ne yake lalacewa a hannunsa. Ke Lantana, ɗazu na ga irin kallon da kike yi wa ɗankwalin ƙanwarki. Ku tashi ku kwanta, kuma wani ya kaɗe mini tabarmar nan.