Yadda Bushiya ta yi ƙwadago a gonarta

Ga ta nan, ga ta nanku, 'yan jikokina.

Ta zo mu ji ta, Kaka.

Bushiya tana da gona a bakin fadama, wadda kakanta ya sassabe. Wata rana Kura, wakiliyar Sarki Zaki kan filaye, ta wuce ta ga dawa ta yi kai. Ta tsaya ta ce, "Ke Bushiya, wa ya ba ki filin fada?"

Bushiya ta ce, "Ranki ya daɗe, gado na ci."

Kura ta ce, "Daji duka na Sarki ne. Wurin nan kuwa a da daji ne."

"Ai ko'ina a da daji ne."

"To, kin gani."

Aka tafi gaban alƙali Dila. Ya saurara, ya ce magana ce babba, sai an yi bincike. Kafin nan, bisa al'ada, a damƙa gonar amana a hannun wanda ba ruwansa. Gizo, wanda ya zo kallo, ya ce shi ba ruwansa. Aka damƙa masa gonar.

A hanya Kura ta ja shi gefe ta ce, "Ka san doka. Gonar da mai ita ya yi damina uku bai sa mata fartanya ba, ta zama saura, ta koma hannun Sarki. Kai dai kada ka bari ta taka wurin. Abin da ka noma naka ne."

Gizo ya ce, "An gama."

Ruwa ya sauka. Gizo ya je gona, ya dubi ciyawa, ya dubi fartanya, ya ji bayansa na ciwo. Sai ga Bushiya zaune a kan iyaka, tana kallon gonarta.

Ya ce, "Baiwar Allah, kina ƙwadago?"

Ta ce, "A gonata?"

"A gonar amana. Dami ɗaya cikin goma naki. Amma kada Kura ta ji."

Bushiya tana da 'ya'ya, rumbunta kuma babu komai. Ta ɗauki fartanya.

Da kaka Kura ta tambaya, "Ta shiga?" Gizo ya ce, "Mai gona ba ta shiga ba. Lebura dai na ɗauka." Kura ta yaba masa.

Damina ta biyu, ƙugunsa ne ya riƙe. Bushiya ta yi shuka, ta yi noma, ta yi maimai. Dila ya ce bincike na tafiya.

Damina ta uku bai ma nemi ciwo ba. Ya shimfiɗa tabarma a gindin ɗorawa, yana cewa, "Can gefen kin bar ciyawa."

Da aka yi girbi, Kura ta sa aka kira zama, Sarki Zaki da kansa ya halarta. Ta ce, "Ranka ya daɗe, gona ta zama saura."

Dila ya kira maƙwabta. Ya tambayi Gafiya, "Wa kike gani yana noma wurin?"

"Bushiya."

Ya tambayi Zabuwa. Ta ce, "Bushiya, tun sassafe."

Ya tambayi Kunkuru. Kunkuru ya daɗe yana tunani, ya ce, "Gizo ma yana zuwa. Yana da tabarma mai kyau."

Kura ta juya ta dubi Gizo. Gizo ya ce, "Ni lebura na ɗauka. Ban tambayi sunanta ba."

Zaki ya yi hamma, ya ce doka doka ce, fartanyar mai gona ba ta bar gona ba, a mayar mata. Bushiya ta faɗi ta yi godiya, ta tambayi dawarta ta shekara uku da ke rumbun Gizo. Zaki ya ce wannan kam fada za ta riƙe, don an wahala wajen bincike.

Kura ta bi Gizo da gudu. Ya haye bango ya maƙale a rufin ɗaki, inda ba filin kowa ba ne, yana nan har yau. Bushiya kuwa ta je wurin Gafiya ta ranto iri.

To, yara, in mai ƙarfi ya sa ido a kan gonarku, ku je shari'a, amma kada ku ajiye fartanya, ko da a lebura za ku shiga.

Ƙungurus kan kusu, ta ƙare ke nan.