Masuncin da Ya Ciyar da Haɗiyau

A wata ƙasa da ba tamu ba, inda teku ba shi da gindi, an yi wani masunci, sunansa Tunau. Jirginsa ɗaya, tarunsa ɗaya, matarsa kuwa sunanta Kyauta.

A can ƙarƙashin tekun, inda rana ba ta taɓa leƙawa ba, akwai wata dabba da suke kira Haɗiyau. Tsawonta ya fi ƙauyensu, bakinta zai ɗauki rumbu da hatsinsa. Ba ta da ido, don ba abin da za ta gani a wannan duhu. Hanci gare ta. Ƙarnin jini take bi.

Saboda haka tun kaka da kakanni ba a feɗe kifi a kan ruwa a ƙauyen. Sai an kawo shi tudu a feɗe, a haƙa rami a binne kayan cikin, a wanke wuƙa da ruwan rijiya. Aiki ne mai karya baya, amma kowa yana yi. Suna kuma da wata al'ada: in masunci ya dawo, matarsa ce take shiga ruwa har ƙugu ta tari jirginsa, ta ɗauke kwandon kifi a ka. Matar da ta tsaya a tudu, to, ta gaya wa gari ke nan cewa ba lafiya a gidanta.

Wata shekara kifi ya yi wuya. Ran nan Tunau ya yi nisa cikin teku, ya wuni yana jefa taru, bai samu komai ba sai 'yan ƙanana. Haushi ya kama shi. Ya zaro wuƙa ya feɗe su nan cikin jirgi, ya watsa kayan cikin a ruwa.

Can sai ruwan da ke ƙarƙashinsa ya yi baƙi ƙirin. Sai ga manyan kifaye suna tasowa daga zurfi a guje, suna afkawa cikin tarunsa. Tunau ya gane. Haɗiyau ce ta ji ƙarni ta motsa, kifayen kuwa gudunta suke yi. Duk da haka bai saki tarun ba, sai da ya jawo shi cikin jirgi.

Da ya iso, Kyauta ta shiga ruwa ta tare shi. Ta dubi kifin, ta dubi cikin jirgin.

Ta ce, "Maigida, wannan jinin fa?"

Ya ce, "Ƙaya ce ta soke ni."

"Mu ga hannun."

Bai nuna ba. Ya rage murya ya ce, "Ke dai ɗauki kwando. Haɗiyau tana can ƙasa abinta. Ɗan abu kaɗan na ba ta, ta koro mini kifi. Ai na yi karen farauta ke nan."

Kyauta ta ce, "To, wa ya gaya maka kare yana tsayawa a daji? Bin mai ba shi abinci yake yi har gida."

Ya yi dariya. Ita ba ta yi ba, amma ta ɗauki kwandon, ba ta kuwa gaya wa kowa ba. Mijinta ne, ba ta so a yi da shi.

Kashegari ya sake. Rana ta uku ma haka. Gidansa ya cika da kifin banda, sauran gidaje suna lasar tukunya. A kwana a tashi, ɗan abin da yake zubawa ya daina motsa dabbar, sai ya ƙara. Da nasa ya kasa, ya shiga tone ramukan maƙwabta yana kwashe abin da suka binne.

Abu guda kuma ya yi masa daɗi. A da sai ya yi tuƙi har ƙauyen ya ɓace masa kafin ruwa ya yi baƙi. Yanzu yana hangen jinkar ɗakinsa ma sai ya ga ya yi. Ya ce a ransa, "Ga shi har tuƙin ya ragu." Wawa! Bai tambayi kansa abin da ya rage tafiyar ba.

Sarkin ruwan ƙauyen, wani tsoho, ya tare shi ya ce, "Tunau, ana tone mana ramuka, ba kuwa kura ba ce. Ka san wani abu?"

Tunau ya ce, "Ranka ya daɗe, ni da nake wuni a teku, ina zan sani?"

Da ya koma gida Kyauta ta ce, "Jiya da na shiga tararka, ruwan gaɓa sanyi gare shi kamar na ƙasan rijiya. Ban taɓa jin haka ba. Don Allah ka bari."

Ya ce, "Gobe kaɗai. Daga gobe na bari. In kina tsoro ki tsaya a tudu."

Ta ce, "In tsaya a tudu, gari ya ce me?"

Kashegari da la'asar ya dawo, jirgi cike har baki, ruwan jini kwance a cikinsa. Da ya kusa gaɓa ya tuna sarkin ruwa zai iya leƙawa, sai ya ɗauki ƙwarya ya kwarfe jinin cikin teku. Ga Kyauta tafe, ruwa har ƙugunta, gammo a kanta, ta miƙo hannu biyu.

Ruwan da ke tsakaninsu ya yi baƙi. Ya kumbura, ya buɗe, ya rufe.

Ko ihu ba ta samu ta yi ba. Gammonta kaɗai ya taso yana juyi a kan ruwa.

Haɗiyau ba ta koma zurfi ba. Ta kwanta nan bakin gaɓa, inda aka koya mata akwai abinci. Ba jirgin da ya sake fita. Mutanen ƙauyen suka kwashe kayansu suka tafi. Tunau kaɗai ya rage. Duk ɗan kifin da ruwa ya jefo masa, sai ya kai tudu ya feɗe, ya haƙa rami mai zurfi ya binne cikin, ya wanke wuƙa tas da ruwan rijiya. Ba wanda ya kai shi kiyaye dokar yanzu. Ba kuwa wanda ya rage da dokar za ta tsare.

To, ga abin da misalin nan yake nufi, ku buɗe kunne. Haɗiyau zunubi ce. Ba ta zuwa gidan kowa sai an kira ta da abinci. Ranar farko riba take kawowa, shi ya sa ake sakewa. Kai mai tauye mudu, kai mai ratsewa gidan burkutu da sunan ƙwarya ɗaya, ke mai kai maganar wannan gida zuwa wancan, kowannenku yana cewa shi ne yake aiken abin. In ka ga laifin da a da yake hana ka barci yanzu yana zo maka da sauƙi, kada ka ce ka iya. Matsowa ya yi.

Kuma ba lalle kai zai fara ci ba. Wanda yake fitowa tararka kullum, shi ne a cikin ruwa. Ke ma da kika sani kika yi shiru don gudun bakin mutane, shirun nan bai tsare kowa ba.

Ubangiji mai gafara ne, wannan ba shakka. Ko Tunau, in ya tuba, za a karɓe shi. Amma gafara ba ta fito masa da Kyauta daga ruwa ba. Wanda yake da abin da zai bari, ya bari yau, tun masu tararsa suna da rai.