Lambar Sirri a Hannun Suruka

Allah ya jiƙan Tanimu mai gyaran kwamfuta, mutum mai sanyin murya. Wata rana Alƙali Zubairu ya kira shi.

"Wasan intanet ɗin nan ya hana ni rubuta hukunci. Toshe shi! In na ce ka buɗe ka ƙi, gidan yari. In ka buɗe ma, gidan yari."

Tanimu ya toshe. Bayan kwana biyu alƙali ya sake kiransa.

"Buɗe mini!"

"Ranka ya daɗe, ban ƙi ba, amma lambar sirrin ba ta wurina. Surukarka na roƙa ta saka da hannunta. Sai ka je ka durƙusa, ka ce mata wasan fasa balan-balan kake marmari."

Alƙali ya jawo takardun shari'a.