Tsohuwar da Ta Wanke Damon Ƙarau

Akwai wata tsohuwa a wata ƙasa mai nisa, inda jaki bai taɓa kai kowa ba. Gona ɗaya take da ita, ta dawa, kuma ita ce abincinta da na mijinta wanda ciwon ƙafa ya kwantar.

A ƙasar nan akwai wata dabba da ake kira damon ƙarau. Siffarsa ta damo ce, amma ɓawon bayansa ƙarau ne zalla, tun daga wuya har ƙarshen wutsiya. In rana ta sauka a kansa, ido ba ya iya kallonsa. Kusan kowace gona da nata damon, yana zaune cikin suri, ba ya taɓa amfanin kowa.

Sai dai a zamanin tsohuwar nan ba wanda ya taɓa ganin ƙyallinsa. An ce a da can maharba sun riƙa kashe damon saboda ɓawonsa, sai manoma suka shiga shafe shi da laka don ya ɓuya. Maharban sun mutu, jikokinsu ma sun mutu, amma shafin laka yana nan. Kowace damina a kama damo a ƙara masa sabuwa a kan ta bara. Ka tambayi mutum dalili, ya ce haka ya tarar ana yi.

Wata shekara dawa ta yi kai, ta fara nuna, sai labari ya zo cewa jan-baki sun taso daga gabas, tsuntsayen nan da in sun sauka a gona ba sa barin komai sai kara. Masu iyali suka rataya gwangwanaye, suka shirya majajjawa. Tsohuwa ba ta da mai tsaya mata, hannunta kuma ba ya iya jifa. Ta zauna a gindin suri tana hawaye, don ta san in dawar nan ta tafi, ita da mijinta ba za su kai wata damina ba.

Tana nan zaune, damo ya fito shan hantsi. Laka ta ɓantare a kafaɗarsa, wurin bai fi farce ba, amma haske yana fita daga nan. Wata kurciya ta zo za ta sauka, hasken ya doki idonta, ta juya ba shiri.

Tsohuwa ta tashi, ta ɗauko tulu da soso da sakaina. Lakar shekaru ce, ta yi tauri kamar daɓe. Ta jiƙa, ta kankare, ta sake jiƙawa. Damo ya ji zafi, ya tsula mata wutsiya a ƙwauri har jini ya fito, amma ba ta sake shi ba.

Maƙwabcinta ya leƙo ta kan iyaka, ya ce, “Iya, lafiya kuwa? Abin da iyayenmu suka rufe, shi za ki buɗe? In maharba suka zo fa?”

Ta ce, “Ɗana, na haura saba’in ban taɓa ganin maharbin nan ba. Tsuntsu kuwa gobe za ka gan shi.”

Ya yi dariya ya tafi, yana cewa tsufa ya taɓa ta.

Kashegari da rana tsaka gabas ta yi baƙi ƙirin. Aka kaɗa gwangwanaye, aka yi ihu, tsuntsaye ba su ko kula ba. Da suka nufo gonar tsohuwa, damo ya hau kan suri, ya miƙa bayansa ga rana. Haske ya tashi, ya cika gonar har kan iyaka. Taron tsuntsayen ya rabe biyu, ko ɗaya bai sauka ba.

Tsohuwa ta rangaɗa guɗa, ta ɗaga murya ta ce, “Jama’a, ku bar gwangwani, ku ɗebo ruwa! Kowa da nasa a cikin suri!”

Maƙwabcin nan shi ya fara rugowa wurinta aron soso. Kafin la’asar gona bayan gona ta kama walƙiya, tsuntsaye suka rasa masauki, suka wuce. A shekarar nan rumbuna suka cika, kuma ba a ƙara shafa wa damo laka ba.

Ma’anar wannan misali ita ce: rana ita ce Yesu Almasihu, damon ƙarau kuwa zuciyar mai bi ce. Damo ba shi da hasken kansa, na rana yake mayarwa, haka mu ma. Laka ita ce tsoro da kunya da zunuban da muka saba da su har muka ɗauka fatarmu ce. Wasunmu muna ɓoye bangaskiyarmu a kasuwa da wurin aiki saboda tsoron abin da bai taɓa samunmu ba, alhali mugun ruhu, kamar jan-bakin nan, yana cinye gidajenmu muna kallo. Wannan yana ba ni baƙin ciki ƙwarai.

Amma ’yan’uwa, ku yi murna! Laka ba ta ɓata ƙarau ba, rufe shi kawai ta yi. Tuba tana da zafi, ku tambayi damo. Duk da haka mutum ɗaya da ya yarda Ubangiji ya wanke shi ya isa ya sa gari duka ya ruga neman ruwa. Rana ta riga ta fito, kai ma da naka a cikin suri. Ɗebo ruwa.