Bel da Hular Saje Hambali

An ce wai a wata rundunar 'yan sanda an yi wani saje mai suna Hambali, wanda ya shekara talatin da ɗaya yana aiki. Wata rana a shingen hanya gardama ta haɗa shi da Mati, direban motar tumatir, har hannu ya riga hankali, ya kwaɗa masa mari. Mati ya kai ƙara hedikwata. Al'adar rundunar kuwa ita ce, duk jami'in da aka kai ƙararsa sai a karɓe bel ɗinsa da hularsa, ya riƙa zuwa kullum yana zama a benci a ƙofar ofis, har kwamitin ladabtarwa ya zauna a kansa.

Kwamiti bai zauna ba. Shekarar farko aka ce shugaba ya tafi kwas. Ta biyu aka ce fayil yana sama. Ta uku wai ya sauko, amma ba a san teburin da ya sauka ba. Mati kuma duk wata sai ya zo jin labarin ƙararsa, ga shi benci ɗaya ne a ƙofar. Tun suna zama baya da baya har suka fara raba goro.

A shekara ta huɗu ya rage wa Hambali wata uku ya yi ritaya. Wanda ya bar aiki da ƙara a kansa ba ya shiga faretin ban kwana, ba a ba shi takardar sallama, sai dai ya sulale gida kamar ɓarawon kaza. Wannan shi ya hana Hambali sukuni.

Mati ya ce, "Saje, marin nan fa tun kafin in isa kasuwa ya huce."

"To ka janye mana, sarkin gardama."

"Na rubuta na janye tun bara waccan. Ita ma takardar tana sama."

Sai suka tafi babbar kotu tare, mai mari da wanda aka mara, suka roƙa a tilasta wa kwamiti ya zauna. Mai shari'a Asabe Dikko ta kira shugaban kwamitin, Sufurtanda Lawandi, ta tambaye shi dalilin jinkiri.

Ya ƙame, ya ce, "Ranki ya daɗe, ba ƙi muka yi ba, muna kan bincike ne. Mutuncin ɗan sanda ƙwai ne, ba a gudu da shi. Gaggawa kuma aikin shaiɗan ce."

"Shaidu nawa kuka saurara?"

"Ba mu kai nan ba tukuna."

Ta gyaɗa kai. Hambali ya ga haka, ya ce a ransa, shi ke nan, manya sun gane juna.

Sai ta ce wa Lawandi, "Ka yi gaskiya, ni ma ba zan yi gaggawa ba. Yau kai aka kawo ƙara gabana, kuma ba zan auna ka da mudun da ba na gidanku ba. Me kuke yi wa jami'in da aka kai ƙararsa?"

Lawandi ya ce, "Ana karɓe bel da hula, ranki ya daɗe."

"Magatakarda, karɓo su. Akwai benci a ƙofar kotu. Zan binciki jinkirinka da irin natsuwar da kuke yin naku binciken. In kuwa hukuncin saje ya riga nawa fitowa, ƙarar nan ta mutu, ka zo ka ɗauki kayanka."

Ranar Talata aka yi haka. Ranar Alhamis kwamiti ya zauna, minti arba'in ya gama. Aka sami Hambali da laifin mari, aka ba shi gargaɗi da gadin ƙofa na kwana bakwai. Ya sara musu, ya ce, "Na gode, yallaɓai," har mai karanta hukuncin ya ɗaga kai, don bai taɓa jin an yi godiyar horo ba.

Ya yi kwana bakwai ɗinsa cif. Da ranar fareti ta zo, yana sahun gaba, sanye da bel ɗinsa da hularsa.

Shi ya sa masu hankali suke cewa, mai riƙe da "gobe" ba ya sanin tsawonta sai ranar da aka sa shi jiranta.